Zaɓen da Na Kwaso Daga Finland

Kujerar ƙarfe ce ta fara sauka a kaina, irin wadda ake ninkewa a jingine a bango. Ban ga wanda ya ɗaga ta ba. Na dai ji kaina ya ɗauki ƙara, wani ɗumi ya gangaro ta goshina ya rufe mini idon hagu, na kai hannu na ga jini. A gabana wani mai sayar da motoci ɗan Maraɗi ya shaƙe wani direban tasi ɗan Zariya yana buga ƙeyarsa da ƙofar banɗaki. Wani ya sheƙa wa wani butar shayi mai zafi a ƙirji. Mata suna salati a bayan labule, yara suna kuka da Turanci. Ranar Lahadi ce bayan Azahar, a zauren da muke haya a High Point Road, tsakanin shagon kayan miya da wurin wankin tufafi. Abin da ya tara mu kuwa shi ne zaɓen shugabannin ƙungiyarmu ta masu jin Hausa a garin Greensboro na Amurka.

Kujeru bakwai ne a kwamitin, kuma irin zaɓen da muka taho da shi daga gida muke yi. Ɗan takara zai tsaya a jikin bango, masu son sa su yi layi a bayansa, a bi ana dafa kafaɗu ana ƙirgawa. Mutanen Nijar sun kusa ninka mu 'yan Najeriya, 'yan Gana kuwa ba su cika sahu biyu ba. To sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi. Kujera ta farko tasu, ta biyu tasu, haka har ta shida, duk shekara. Da mu ake ɗaukar makara, da mu ake share zaure, amma in an zo yanke shawara sai dai mu ji a salansa. A shekarar nan kwamiti ya bi ganin watan Yamai ya sa ranar Sallah, mu da muka bugo waya gida aka ce ba a ga wata ba muka wayi gari da azumi a baki suna cin tuwon Sallah. Washegari da muke tamu Sallar, zaure a kulle yake.

Abin da ya kunna wutar ranar zaɓen ƙaramin abu ne. Wani saurayi ɗan Tawa ya zo ya tsaya a layinmu, don ɗan takararmu abokinsa ne. Maigidansa na gareji ya tako har cikinmu ya cafko shi ta wuyan riga, ya ce, “Kai da kake cin abinci a garejina, nan ne wurinka?” Ya ja shi kamar akuya. Wani daga cikinmu ya doke hannun mai garejin, shi ke nan aka kaure.

Baba Alhaji ne ya raba mu, kuma bai taɓa kowa ba. Ya dogara sandarsa ya shiga tsakiyar zauren, ya fuskanci alƙibla, ya sa yatsa a kunne ya fara kiran sallar La'asar tun lokaci bai gama yi ba. Wa zai ɗaga kujera ana kiran sallah? Hannaye suka sauka ɗaya bayan ɗaya. Muka yi alwala, ruwan da ke gangarowa daga fuskata ja wur, muka bi shi sallah kafaɗa da kafaɗa da waɗanda suka fasa mana kai.

Kujera ta bakwai tasa ce. Basakkwace ne, ya riga kowa zuwa garin, kuma da wuya ka sami wanda bai taɓa kwana a falonsa na Glenwood ba a makon da ya sauka, ni ma a nan na fara ajiye jakata. Shi ke wanke mana mamata. In an kira kujerarsa ba mai tsayawa takara, zauren gaba ɗaya ke tashi ya jeru a bayansa, ɗan Nijar da ɗan Najeriya da ɗan Gana, ba a ma ƙirgawa. Ya daina aiki saboda gwiwa, 'ya'yansa sun girma, kujerar nan ita ta rage masa. Saboda ita wayarsa ke ƙara tun safe, saboda ita ake sallama a ƙofarsa.

A asibiti na ce daga tsani na faɗo, aka yi mini ɗinki. Ba wanda ya kira 'yan sanda, don rabin zauren takardunsu na zama a ƙasar ba su cika ba, kuma duk zafin faɗanmu ba mu kai ga tona wa juna wannan asirin ba. Amma wutar ba ta mutu ba. A makonnin da suka biyo baya an farfasa gilasan motoci huɗu a filin mai garejin nan. An yanka tayoyin tasin ɗan Zariya a ƙofar gidansa. An tare wani yaronmu a bayan shagon kayan miya aka karya masa yatsu biyu da murfin but ɗin mota. Samarinmu suka fara ajiye sandunan wasan ƙwallon Amurkawa a ƙarƙashin kujerar mota, suna cewa a raba ƙungiya kowa ya kama gabansa. Ni kaina na yi mako ina yawo da sifana a cikin jakar aiki, kuma da na haɗu da wanda ya buga mini kujera da na yi amfani da ita.

Da abin ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, Baba Alhaji ya tara manyan kowane ɓangare a falonsa. A nan na buɗe baki na ce, “Ni na ga inda ake zaɓe ba a fasa kan kowa.”

Shugaban ƙungiya, wani Badamagare mai faɗin kafaɗa, ya kwashe da dariya. “Voilà. Za a kai mu Finland.”

Kowa ya yi dariya, don an san ni da wannan. Kafin in zo Amurka na yi shekara uku a Turku ta ƙasar Finland ina share jiragen ruwa, kuma na yarda, ba a yin hirar minti goma da ni ban ce “a Finland” ba. Ni Bakano ne shi Badamagare, tsokana a tsakaninmu gado ce. Na ce masa, “Ranka ya daɗe, ku da kuka saba cin shida ku bar wa mutane ƙashi, zauna ka ji yadda masu hankali ke rabo.”

Na ba su labari. Ina can Finland aka yi zaɓen majalisar ƙasarsu. Ban da haƙƙin jefa ƙuri'a, amma ina da ido. An kafa alluna a bakin titi cikin sanyi, an jera hotunan 'yan takara, kowane da lambarsa a ƙarƙashin fuskarsa. Ba ganga, ba 'yan banga, ba wanda ya ɗaga murya. Ranar zaɓe mutum ya shiga ɗan lungu shi kaɗai, a ba shi 'yar takarda mai da'ira a tsakiya, ya rubuta lambar mutum ɗaya, ya ninke, a buga hatimi, ya jefa. Wata dattijuwa da muke shara tare ita ta yi mini bayanin sauran, da ƙwayoyin sukari a kan tebur lokacin shan kofi. Majalisar kujera ɗari biyu ce, an raba ƙasar yanki yanki, kowane yanki da adadin kujerunsa gwargwadon mutanensa. Ƙuri'ar da ka ba mutum aiki biyu take yi. Da farko tana shiga tulin jam'iyyarsa, a haɗa tulin kowace jam'iyya a ga kujera nawa ya kai. Wanda ya fi ƙuri'a a jam'iyya a ɗora masa tulin gaba ɗaya, na biyu a ɗora masa rabi, na uku kashi ɗaya cikin uku, haka har ƙasa, sannan a jera kowa da kowa a ɗebi na sama har kujeru su ƙare. Mai yawa ya sami da yawa, mai kaɗan ya sami kaɗan, ba wanda ke tashi da duka. Aiki na biyu kuma, ita ce ke nuna wane ne a cikin 'yan jam'iyyar zai hau kujerar da aka samo.

Na gama na ga idanu sun yi nauyi. Sai wani malami ɗan Kumasi, babban 'yan Gana, ya ce, “Ai wannan watanda ce.”

Nan take falon ya farka. Duk wata muna haɗuwa mu sayi sa a wata gona a wajen gari, a yanka, a kasa nama, kowa ya ɗauki kashi daidai da abin da ya sa, kuma ba a taɓa zare wa juna ido a kan watanda ba. Shugaba ya shafa gemu ya yi lissafinsa, ya ga ko an yi haka su ne da rinjaye, kuma motocin mutanensa za su huta. Ya ce, “Bon. D'accord. Amma kujerar Baba a cire ta gefe, a raba shida.”

Malamin Kumasi ya ce in shida za a raba, mutanensa ko ƙashi ba za su samu ba. Aka juya ana kallon mai gida. Baba Alhaji ya gyara zama ya ce, “Ba a watanda a ware cinya a ce ta wane ce. A sa har da tawa.”

Na ce, “Baba, kai ne a kan jerinmu. Ko makaho ya san inda ƙuri'unmu za su tafi.” Har ga Allah haka na ɗauka, kuma haka kowa a falon ya ɗauka.

Aka tsaya a kan kowace ƙasa ta zama jam'iyya guda da jerinta. Mu 'yan Najeriya muka tsayar da mutum huɗu. Baba Alhaji shi ne lamba ta farko. Sai wani sufabaiza a kamfanin kwali wanda ya sama wa mutane da yawa aiki, sai wani ma'aikacin jinya da ke raka mutane asibiti yana yi musu tafinta, sai direban tasin nan ɗan Zariya da aka buga wa kai da ƙofa, wanda tun ranar ya zama gwarzon samari. Su ukun nan suka bazama gida gida, daga Glenwood har gidajen hayar High Point Road, da goro da lemo. Kuma maganata suka ɗauka suna yawo da ita. “Duk wanda ka zaɓa a cikinmu, it's the same, tulinmu ɗaya ne. Baba ai ya riga ya ci, kujera ta biyu muke nema. Ka taimaka mini da taka.” Ba ƙarya suka yi ba, ni na faɗa da bakina.

Na je na sami Baba Alhaji na ce ya ɗan zagaya shi ma, ko waya ce ya bubbuga. Ya kalle ni kamar na zage shi. “In roƙi wa? Wanda ya kwana a kan dardumata? Babba ba ya bin ƙofa yana cewa a so shi.” Muna cikin maganar ma wasu suka yi sallama, suka durƙusa suka gaishe shi, suka ce, “Baba, ai kai ba ka bukatar magana.” Ya dube ni ya ɗaga gira. Na ci gaba da shan shayina.

Ranar zaɓe aka sa mutum biyu a ƙofa suna laluben kowa. Kafin a fara, an tara sanduna da sifanu da wata sarƙar keke a cikin kwandon shara a bakin ƙofa, har da tawa sifanar. Muka ɗaura igiya a kusurwa muka rataya dardumai, ya zama lungun rubutu. Akwatin kuwa kwalin man gyaɗa ne da aka huda wa baki. Mata ma suka fito daga bayan labule suka jefa tasu, abin da layi bai taɓa ba su dama ba. Na ga saurayin nan ɗan Tawa ya shiga lungu ya fito, maigidansa yana harararsa, shi kuwa ya wuce abinsa yana murmushi. A raina na ce, ko wannan kaɗai aka samu an ci riba.

Mu uku muka zauna ƙirga a kan tebur a gaban kowa: ni, da shugaba, da malamin Kumasi. Ni ke buɗewa in faɗi lamba, shugaba ya duba, malam ya ajiye a tulin mai ita. Zauren ya cika da surutu, ba mai jin abin da muke faɗa. Tun muna tsakiya na ga abin da ban yi zato ba. Tulin sufabaiza yana tashi, na ɗan Zariya yana bin sa, na ma'aikacin jinya ba laifi. Gurbin lamba ta farko kuwa takarda ɗaya, can sai ta biyu, can sai ta uku. Na riƙa zura hannu cikin kwali ina addu'a, har yatsuna suka taɓa gindinsa. Shugaba ya kalle ni. Malam ya ɗaure kowane tuli da roba ya mayar cikin kwali.

Na miƙe na fara da rabon kujeru. Nijar huɗu, Najeriya biyu, Gana ɗaya. Zaure ya ɗauki kabbara. 'Yan Gana suka rungume juna, samarinmu suna buga bango, mutanen Nijar ma suna tafi don rinjaye bai kuɓuce musu ba. Na so a ce a nan aka tashi. Sai na karanto waɗanda suka hau, na zo kan namu na ce sufabaiza da ɗan Zariya.

Wani ya ce, “Baba fa?”

Na ce, “Baba ya sami uku.”

Idanu suka koma kansa. Baba Alhaji yana zaune a sahun gaba da farar babbar riga, hannunsa a kan sanda, bai motsa ba. Babban ɗansa ne ya tashi, wani ƙato mai tuƙa motar ɗaga kaya a sito, wanda ban taɓa jin ya ɗaga murya ba.

“Uku? Three votes? Babana?” Ya juya ya fuskanci mutane. “Duk wanda ya zaɓi Baba ya miƙe tsaye.”

Wallahi ina kallo suka fara tashi. Na gaba suka tashi, na baya suka ga an tashi suka tashi, har masu raka sufabaiza yawon gida gida. Wa zai zauna Baba Alhaji yana waiwaye? Kafin ka ce kwabo duk 'yan Najeriya suna tsaye, mutum fiye da arba'in, kowa ya haɗe rai kamar shi aka cuta. Ɗan ya nuna su da hannu, ya juyo gare ni.

“Ga su nan. Ina ƙuri'unsu, ɓarawo?”

Na buɗe baki in ce a sake ƙirgawa, naushinsa ya rufe mini shi. Na ji muƙamuƙina ya goce, haƙori ya faɗo a kan harshena. Na tafi da baya tebur ya bi ni. Daga nan ban san hannu nawa ba ne. Tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka, kuma ranar na ga ruwa. Mutanen da na yi wa faɗa, waɗanda aka fasa mini kai dominsu, su ne suka yi mini rubdugu. Takalmi a haƙarƙari, takalmi a baya, wani yana taka mini yatsu yana murzawa. Ina jin muryoyin da na sani suna cewa an saye ni, na sayar da Baba ga 'yan Nijar, dama tun da ya zo da Finland ɗinsa muka san da wata a ƙasa. Kowa yana duka da ƙarfin kunyarsa. Wanda ya fi kowa sanin lambar da ya rubuta a lungu shi ya fi kowa zafin ƙafa.

Wani ya ruga bakin ƙofa ya kifar da kwandon shara ya dawo da sifana. Matata ta keto maza ta faɗa a kaina tana ihu, sifanar ta sauka a hannunta, na ji ƙarar ƙashin a kunnena. Shugaba, Badamagaren da na yi shekaru ina zagi a bayan ido, ya tsaya a kanmu ya buɗe ƙafafu yana ture mutane yana cewa, “Ça suffit! Ya isa! A gabana aka ƙirga! Ku kashe ni tukuna!” Suka fasa masa hanci, jininsa ya zubo a wuyana. Da mutanensa suka ga haka suka shigo, kujeru suka sake tashi sama, gilashin taga ya tarwatse. Malamin Kumasi kuwa tun naushin farko ya rungumi kwalin ya kai kusurwa ya zauna a kansa.

Ta tsakanin ƙafafu na hango Baba Alhaji ya taso. Ya zo daidai lokacin da ɗansa ya ɗaga ƙafa zai sauke mini a fuska. Ya ɗaga sandarsa da hannu biyu ya shimfiɗa masa a kumatu, har sandar ta tsage. Ƙaton ya durƙushe yana riƙe da kunci, jini yana bi ta tsakanin yatsunsa. Ba wanda ya taɓa ganin Baba Alhaji ya doki ko kyanwa. Zauren ya tsaya cak.

Ya ce, “Malam, kawo kwalin.”

Aka tayar da tebur. Ya zauna, ya sa tabarau, ya kwance robobin da kansa. Bai tsaya a tulinsa ba. Ya bi na sufabaiza takarda bayan takarda, ya bi na ɗan Zariya, ya bi na ma'aikacin jinya, ya bi har na mutanen Nijar da na Gana, ko an cusa tasa a ciki. Yana lasar yatsa yana buɗewa, yana kai kowace kusa da ido. Ina kwance a ƙasa ina tofar da jini, matata tana nishi a gefena, ba wanda ya yi tari. Da ya gama ya ɗauki takardu ukun nan ya jera su a gabansa, ya daɗe yana kallonsu. Sannan ya cire tabarau ya dubi mutanen da suka miƙe masa ɗazu. Ya bi su da ido ɗaya bayan ɗaya, kowa ya sunkuyar da kai.

Sufabaiza ya matso ya durƙusa. “Baba, na janye. Wallahi I step down, ka hau tawa.” Ɗan Zariya ma ya ce ya janye.

Baba Alhaji ya ce, “Sadaka za ku ba ni?” Ya miƙe da ƙyar, ya bar tsagaggiyar sandar a kan tebur. Ya ce wa shugaba, “Yaron nan bai saci komai ba. A kai shi asibiti, shi da iyalinsa.” Ya fita yana dafa bango, wani ya miƙa hannu zai riƙe shi ya kauce.

An ɗaure mini muƙamuƙi da waya, na yi makonni ina zuƙar kunu da tsinke. Haƙarƙari biyu sun tsage. Matata da filasta a hannu take dama kunun da hagu, kuma a ɗaya daga cikin ranakun nan ta zauna a bakin gado ta ce, “Ni fa sufabaiza na zaɓa. Shi ya sama wa ƙanena aiki, kuma kai ka ce duk ɗaya ne.” Ba na iya buɗe baki, sai na bi ta da ido. Tawa dai na san lamba ta farko na rubuta. Ɗan Baba Alhaji da Hajiya matar Baban, in ka haɗa da ni, lissafin ukun ya cika. Shi kansa an ce ma'aikacin jinya ya ba tasa, don a wurinsa abin kunya ne mutum ya zaɓi kansa.

Har yau ban ce tsarin Finland ya yi laifi ba, kuma duk mai son mu yi musu ya zo. Sabon kwamiti ya zauna, aka yi ta ja in ja, amma Sallar da ta biyo baya rana ɗaya muka yi ta, ba a kuma sake fasa gilashin motar kowa ba. Takarda ba ta yi wa kowa ƙarya ba. Mu ne muka saba so a fuska, ba mu taɓa gwada shi a bayan darduma ba. Waɗanda suka tattaka ni sun zo dubiya da lemo da ayaba, suna cewa sharrin Shaiɗan ne. Na karɓi lemon, amma akwai gidajen da har na bar garin ban sake takawa ba.

Gidan Baba Alhaji ma an yi ta zuwa, ƙungiya ƙungiya, ana ba da haƙuri. Abin da ya ƙara ɓata lamarin, duk wanda ya keɓe da shi sai ya rantse masa cewa shi yana cikin ukun. Hajiya ta gaya wa matata cewa ya daina fitowa falo, in an yi sallama sai ya ce a ce yana barci. Sabon kwamiti ya aika masa cewa an naɗa shi uban ƙungiya, ya mayar da ɗan aiken. Gawa kaɗai ke fito da shi. Ya zo ya yi wanka, ya sa likkafani, ya tafi kafin a fara gaisawa.

Bayan an cire mini waya na shiga cikin gari wata safiya, sai na hango shi a tashar bas, zaune a kan benci da ledar magani a cinya. Mutumin da in zai je asibiti motoci uku ke rigimar wa zai ɗauke shi. Na faka na zo na durƙusa na gaishe shi. Ya rame, rigar ta yi masa yawa. Ya kama haɓata ya juya fuskata hagu da dama, ya tambayi hannun matata. Na ce ya taso in kai shi gida.

“Bar shi, bas na zuwa.”

“Baba, don Allah. Ni dai ka san...”

Ya ɗaga hannu. “Kada ka faɗa. Kowa ya faɗa mini.” Ya mayar da ido kan titi. “Ba kujerar ce ke damuna ba, ɗana. Shekara nawa ta rage mini da zan zauna a kanta? Da can in mutum ya durƙusa ya ce Baba ina kwana, na san gaishe ni ya yi. Yanzu sai in tsaya ina kallon bakinsa.”

Ina durƙushe a gabansa ya faɗi haka, kuma bakina yake kallo. Bas ɗin Glenwood ta zo ta tsaya. Ya kama ƙarfen ƙofa ya ja jikinsa sama da ƙyar, na miƙa hannu zan tallafa masa, ya ce in bari zai iya.